Sergei Bodrov: gwani ne, ko mutuwar ƙuruciya ce ta ɗaga shi?

Abban Khalifa
Assalamu alaikum 'yan zaure. Daren jiya an ɗauke wuta, ga zafi ga sauro, barci ya ce ba da shi ba. Ina ta gangara YouTube sai na faɗa kan wani tsohon fim na Rasha mai suna Brat, wai ma'anarsa ɗan'uwa, na shekarar 1997. Na ce bari in leƙa minti biyar. Ban ankara ba sai ga sunaye suna hawa, waya saura kashi uku.

Jarumin ne ya riƙe ni. Ba ƙirji, ba damtse, ba ya tashi sama ya sauko da ƙafa. Fuska kamar ta yaron da aka aika sayo kalanzir ya tsaya kallon ƙwallo. Ga wata ƙatuwar rigar sanyi a jikinsa, ga 'yar na'urar jin faifan CD a ƙugu. Amma yaron nan zai zauna a ɗaki ya datse bakin bindiga, ya cika harsashi da kawunan ƙusa, hankalinsa kwance kamar mai gyaran rediyo.

Da safe na nemi labarinsa. Sunansa Sergei Bodrov, an haife shi a Mosko ranar 27 ga Disamba 1971, ya mutu ranar 20 ga Satumba 2002. Shekara 30. Ƙanƙara ce ta rufto daga kan dutse ta binne shi da mutanensa suna wajen ɗaukar fim, har yau ba a ga gawarsa ba. Daga fim ɗin da ya fara fito da shi a 1996 zuwa mutuwarsa shekara shida ce kacal. Amma ku je ku ga abin da Rashawa ke rubutawa a ƙarƙashin bidiyon, kamar jiya aka yi rashin. Shi ne nake tambaya, musamman waɗanda suka zauna can: mutumin nan gwani ne da gaske, ko dai don ya tafi da wuri ne?

Ɗan Lokeshan
Wa alaikumus salam. Na kalli Brat na ɗaya da na biyu. Ni aikina riƙe kyamara ne, shekarata goma sha ɗaya a kai, kuma zan faɗa ba tare da kwana-kwana ba: ba ɗan wasa ba ne. Fuska ɗaya gare shi. Yana murna ita ce, zai yi kisa ita ce, mace na yi masa magana ita ce. Aikin na darakta ne, Aleksei Balabanov, shi ya san inda zai ajiye yaron da lokacin da zai yanke. Sannan kada a manta ɗan gida ne. Ubansa, shi ma Sergei Bodrov, babban darakta ne, a fim ɗin uban ya fara fitowa. Mun san irin wannan a nan. Ɗan furodusa ba ya bin layin gwaji.

Likitan Ƙauye
Abban Khalifa, ka sosa mini inda ke yi mini ƙaiƙayi. Shekara bakwai na yi a Rasha, ɗaya ta koyon harshe, shida ta likitanci. A ɗakin kwanan ɗalibai da na zauna, tsohuwar da ke gadin ƙofa tana da hotuna biyu a ɗan kejinta, na jikarta da na Bodrov, ta yanko shi daga mujalla. Ba ta taɓa kiransa da cikakken suna ba, sai Seryozha, kamar yadda za ka ce Sani ko Ɗanlami ga yaron maƙwabta.

Ɗan Lokeshan, abin da ka faɗa shi da kansa ya riga ka faɗa. A hirarraki da dama ya ce bai ɗauki kansa ɗan wasa ba, kuma bai taɓa shiga makarantar koyon wasa ba. Abin da ya karanta a Jami'ar Mosko tarihin zane-zane ne. A 1998, lokacin duk ƙasar ta san shi a matsayin Danila Bagrov mai bindiga na fim ɗin Brat, ya je ya kare kundin digirinsa na zurfi a kan yadda masu zanen birnin Venis na Italiya suke zana gine-gine a cikin hotunansu shekaru ɗari biyar da suka wuce. Ka haɗa wannan mutumin da wanda ka gani yana cika harsashi da ƙusa.

Maman Sadiq
Barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe, wannan ba laifi ba ne. Amma Ɗan Lokeshan, in dai ɗan gida ne kawai, 'ya'yan daraktoci nawa aka cusa mana muka tofar? Uba zai iya sa ka gaban kyamara, ba zai iya sa tsohuwar Dokta ta yanko hotonka ba.

Ɗan Lokeshan
Hajiya, ban ce ba shi da komai ba. Akwai mutumin da kyamara ke so. Za ka kawo wanda ya haddace magana tsaf, ya iya kuka da ido ɗaya, ka duba allo ka ga fanko. Wani kuma ya zauna yana shan shayi kawai, ka kasa ɗauke ido. Wannan baiwa ce, ba gwaninta ba. Gwani shi ne Viktor Sukhorukov, mai sanƙon nan da ya fito a yayansa. Ku sake kallo ku ga yadda yake sauya murya in yana tsoro da in yana cika baki.

Abin da ya fi burge ni ma yadda aka yi fim ɗin. Cikin wata guda aka ɗauke shi a St. Petersburg, kuɗi ba su taka kara sun karya ba, wasu fitowar a gidajen abokai aka yi. Rigar sanyin da Abban Khalifa ke magana a kai gwanjo ce, matar darakta ce ta sayo, ita ce mai kula da sutura. Fim ɗin gwanjo ya je har bikin fina-finai na Cannes a Faransa. Mu kuma kullum kukanmu ba kuɗi.

Sarkin Gardama
Ni gyara nake so a yi. Na ga wani a sama ya ce "aka yi rashin". Mutuwa ya yi, ba rasuwa ba. Ba Musulmi ba ne.

Maman Sadiq
To Sarki, mun ji. Mutum sama da 120 ƙanƙara ta danne, kai abin da ka tsinta ke nan.

Mai Zaure
Don Allah a bar wannan, mun yi ta a kan wani ɗan ƙwallo wancan watan har sai da na rufe zauren kwana biyu. Kowa ya yi amfani da kalmar da ransa ya kwanta da ita. A koma kan magana.

Baba Injiniya
Yara, ku bar ni in sa baki, ko da yake ni ba ma'abocin fim ba ne. Ina cikin waɗanda aka tura Tarayyar Sobiyet koyon aikin ƙarfe saboda Ajaokuta. Ƙasar da na sani a lokacin ba ta da daɗi, layi ake bi a sayi nama, ba ka faɗin abin da ke ranka. Amma kowa na da aiki, malami malami ne, injiniya injiniya ne.

Na sake komawa a 1996 wata 'yar hidima. Tarayyar ta rushe tun Disambar 1991. A 1992 aka saki farashi, cikin shekara ɗaya kaya suka ninka fiye da sau ashirin, abin da mutum ya tara tsawon rayuwarsa ya zama kuɗin burodi. Ma'aikata sai su yi wata da watanni ba albashi. Na nemi wani malamina da ya koya mana lissafin zafin tanderu, mutum mai tsabta, kullum da nakatai. A bakin tashar jirgin ƙasa na same shi, ya shimfiɗa jarida a ƙasa, ya jera littattafansa da cokula da wani agogon bango. Ya gane ni, na gane shi. Ya yi kamar bai gane ni ba, ni ma na taya shi, na wuce. Har yau abin yana damuna.

Masu kuɗin lokacin kuwa 'yan daba ne masu jaket ɗin fata, kowace kasuwa da mai karɓar kuɗin kariya. Ga yaƙin Chechniya a kudancin Rasha tun Disambar 1994, ana kwasar yara 'yan shekara 18 ana kai su, su dawo ba wanda ya ce musu sannu. To a wannan hali aka nuna wa mutane yaro ya dawo daga soja, ba ya tsoron kowa, ba ya cin amana, in ya yi alkawari ya cika, yana kare tsoho mai talla daga ɗan daba. Ko da sanda aka sa wa rigar sanyin nan za su so ta. Ba wasansa suka kalla ba, ɗan da suke fatan a ce sun haifa suka gani.

Abban Khalifa
Baba, Allah ya ƙara girma. Wannan ya warware mini wani abu. A fim ɗin duk wanda ya tambaye shi ko ya yi yaƙi sai ya ce a'a, shi magatakarda ne a hedikwata. Kai mai kallo ka san ƙarya yake, hannunsa ya nuna.

Likitan Ƙauye
Baba ya faɗi gaskiya, amma akwai ɓangaren da ni ba zan iya haɗiyewa ba, kuma sai na faɗa. Abban Khalifa, ka tuna fitowar cikin taragon nan? Mutum biyu 'yan yankin duwatsun Kaukasus da ke kudu sun ƙi biyan tara, suna raina mai duba tikiti. Danila ya taso ya zaro bindiga. Ɗayansu ya ce masa ɗan'uwa, kada ka kashe ni. Ya ce shi ba ɗan'uwansa ba ne, ya haɗa da zagin da ya shafi launin fata. Fassarar da ka gani ƙila ta sassauta, a harshensu zagi ne mai nauyi.

Wannan jimlar ta fita daga fim ta shiga titi. Ni an faɗa mini ita. Ina shekara ta biyu, cikin bas, lokacin sanyi, na taka ƙafar wani saurayi ba da gangan ba. Na ce masa yi haƙuri, brat, don haka ake cewa. Ya dube ni ya maimaita maganar Danila kalma da kalma, abokansa suka fashe da dariya. Ba wanda ya taɓa ni. Wata mata da ke kusa ta juya tana kallon taga. Na sauka tun kafin tashata, na ƙarasa da ƙafa cikin dusar ƙanƙara, yatsuna kamar ba nawa ba.

A na biyun, na shekarar 2000, da ya je Shikago, abin ya ƙaru. Baƙar fatar Amurka yawancinsu 'yan daba aka nuna su, 'yan Yukren ma haka. Har da wurin da yake kiran wani da kalmar nan da baƙar fatar Amurka ba sa son ji, yana cewa ai haka aka koya masa a makaranta. To ku gaya mini, ni da aka yi wa dariya a bas, ta yaya zan kalli hoton nan in ce Seryozha?

Maman Sadiq
Dokta, sannu. Wallahi na ji abin a raina. Amma bari in tambaye ka: wa ya rubuta maganar? Balabanov ne ya rubuta labarin, shi ya ba da umarni. A nan ma ai muna da masu fitowa a mugu, a gan su a kasuwa a riƙa tsine musu, alhali wani ko kaza ba zai iya yankawa ba.

Likitan Ƙauye
Hajiya, ba a nan gizo ke saƙar ba. Da bos ne ya faɗa, ba zan damu ba, an san bos mugu ne, a ƙarshe zai ga sakayya. Jarumi ne ya faɗa. Kuma ya faɗa da fuskar nan tasa mai kama da ta marar laifi. Da wani mai jajayen ido aka ba wa, da ba wanda ya haddace. Baiwar da Ɗan Lokeshan ke magana a kai ita ce ta sa wa dafin zuma.

Ɗan Lokeshan
Nan kam Dokta ya kama ni. Ban taɓa kallon abin ta nan ba.

Ɗan Damagaram
Ina gaisuwa ga manya da yara. Ni ban ga Brat ba, amma na san mutumin ta wani fim na Faransa, Est-Ouest, wato Gabas da Yamma, na 1999, na gan shi a tele. Régis Wargnier ya yi shi, akwai Sandrine Bonnaire da Catherine Deneuve a ciki. Labarin Rashawan da suka yi gudun hijira ne, shugaban Sobiyet Stalin ya kira su gida a 1946 da daɗin baki, suna sauka aka kama wasu aka kashe wasu. Bodrov yaro ne ɗan ninƙaya a Kiyef, ya kamu da son matar wani likita, Bafaranshiya. A ƙarshe ya faɗa Baƙin Teku ya yi awanni yana iyo don ya cimma jirgin ruwan da zai fitar da shi daga ƙasar. Babu bindiga a hannunsa, babu cika baki da Rasha, gudunta ma yake yi. Fim ɗin ya shiga takarar Oscar. Don haka wanda ya san shi ta Danila kawai, rabinsa ya sani.

Likitan Ƙauye
Haka ne, kuma don kada a ce na yi masa rashin adalci, ga abin da ke hana ni yanke masa hukunci gaba ɗaya. Fim ɗinsa na farko babba, na 1996, Kavkazskiy Plennik, wato Fursunan Kaukasus, uban ne ya yi shi, ya ɗauko daga wani gajeren labari na marubucin Rasha Tolstoy ya maido shi zamanin yaƙi. A wani ƙauyen dutse na Dagestan aka ɗauka, ƙasar su Khabib ɗan dambe, ana tsaka da yaƙi a Chechniya da ke maƙwabtaka.

Sojan Rasha biyu aka kama, Bodrov da Oleg Menshikov, aka ɗaure su da sarƙa ɗaya. Wani dattijo Musulmi, Abdul-Murat, shi ya riƙe su, yana so ya yi musayarsu da ɗansa da ke hannun sojoji. Bodrov sabon shiga ne, ko harbi bai iya ba. Yana zaune a ɗaure yana gyara wa mutanen ƙauye agogo, ya sassaƙa wa 'yar dattijon tsuntsun katako. Musulmin fim ɗin mutane ne, suna da fushi, suna da kunya, suna da alkawari. A Rashar 1996 wannan ba ƙaramin abu ba ne. Shi ma ya shiga takarar Oscar, kuma Bodrov da Menshikov suka raba kyautar Nika ta gwarzon ɗan wasa, wadda ita ce babba a can.

Shekara ɗaya tsakanin wannan da fitowar cikin tarago. Mutum ɗaya, fuska ɗaya. Shi ya sa nake cewa ban san inda zan ajiye shi ba, a zuciyata nake nufi.

Sarkin Gardama
To ai kun dawo kan maganar Ɗan Lokeshan. Farar takarda ne, kowa ya rubuta abin da ya ga dama. Uba ya rubuta tausayi, Balabanov ya rubuta ƙiyayya. Yanzu ma gwamnatinsu na rubutu a kai. Maganar nan da ya gaya wa attajirin Amurka a Brat na biyu, cewa ƙarfi ba a kuɗi yake ba, a gaskiya yake, tun 2022 ita ce a allunan tallan yaƙin Yukren. A shekarar aka maido da fina-finan biyu gidajen sinima. Yukren kuwa ta haramta na biyun tun 2015. Da yana raye da an tambaye shi yana tare da wa. Mutuwa ta rufa masa asiri.

Maman Sadiq
Yau kam Sarki ya yi magana. Amma farar takarda ba ta rubuta fim. A 2001 shi da kansa ya rubuta ya kuma ba da umarnin Syostry, 'yan'uwa mata. Na kalla da yammar nan saboda wannan muhawarar, girki ma sai da ya kusa kamawa. Yara mata biyu, uwa ɗaya uba daban, ba sa ga maciji, 'yan daba na neman ƙaramar saboda bashin ubanta, dole babbar ta ja ta su gudu. Mutumin da duk ƙasa ke jira ya sake ɗaukar bindiga, da aka ba shi dama sai ya ba yara mata fim ɗin, shi ya leƙo na 'yan mintuna ya fita. Babbar yarinyar, Oksana Akinshina, daga nan ta zama babbar 'yar wasa. Ni a nan na ga inda hankalinsa yake. Barin gaban kyamara yake shirin yi.

Ɗan Lokeshan
Kuma aikin darakta ne ya kai shi inda ya mutu. Svyaznoy, fim ɗinsa na biyu, shi ya rubuta, shi ne darakta, shi ne jarumi. Ko kwana uku ba su yi da fara ɗauka ba.

Abban Khalifa
Wannan ɓangaren ne ban gane ba. Ta yaya ƙanƙara za ta binne mutum sama da ɗari? Mu ƙanƙarar da muka sani ta cikin firij ce, sai wadda ke zubowa da ruwan farko ta fasa gilashin mota.

Malamin Jogarafi
Bari in gwada. A kan manyan duwatsu masu sanyi dusar ƙanƙara ba ta narkewa duka. Ta bana ta hau kan ta bara, shekara ɗaruruwa, nauyi ya matse ta ta zama kamar dutse, ta cika kwari guda, tana gangarowa a hankali yadda ido ba ya gani. Kogi ne daskararre. Wanda ake magana a kai sunansa Kolka, a Ossetia ta Arewa da ke kudancin Rasha, kusa da dutsen Kazbek mai tsayin sama da mita 5,000.

Ranar Juma'a 20 ga Satumba 2002, jim kaɗan bayan ƙarfe takwas na dare, kusan dukkan Kolka ta ɓalle daga mazauninta lokaci guda. Ƙanƙara da duwatsu da laka, fiye da kubik mita miliyan 100, suka biyo kwarin kogin Genaldon da gudun da ya haura kilomita 100 a awa. Kusan kilomita 20 cikin 'yan mintuna. A inda kwarin ya tsuke, wajen Karmadon, ƙanƙarar ta cushe ta taru, a wasu wuraren zurfinta ya kai tsayin bene mai hawa 30. Laka kuma ta wuce gaba. Ƙauyen Karmadon na ƙasa ya shafe. Duhu ne, ba wanda zai ce ya ga tahowarta, ƙara kawai da iska.

Su Bodrov sun tashi daga aiki wajen ƙarfe bakwai saboda haske ya tafi, suna hanyar komawa Vladikavkaz, babban birnin yankin. Cikin waɗanda suka tafi tare da shi har da mahaya dawaki 'yan yankin da aka ɗauko don fim ɗin. Kolka ta taɓa yin ɓarna a 1902, ta sake motsawa a 1969. Tsofaffin ƙauyukan Ossetia a kan gangare suke, ba a gindin kwari ba, kakanninsu sun san dalili.

Likitan Ƙauye
Gawa 19 kawai aka samu, sama da mutum 100 ba a gan su ba. Abin da ya fi taɓa ni, akwai wata hanyar mota da aka huda ta cikin dutse a wurin. Iyalai suka sa rai ko motocin sun shige ciki sun tsira. Hukuma ta ce ba fata, su suka ƙi tafiya. Suka kafa tantuna a kan ƙanƙarar, da 'yan sa-kai, suna haƙa, sanyi ya zo ya wuce ya sake dawowa. Sun kai ga ramin a ƙarshe, laka ce cike. A 2004 aka haƙura. Ya bar mata da 'ya 'yar shekara huɗu, da jariri da bai cika wata ɗaya ba.

Ustaz Na Bakin Kasuwa
Wannan a fiƙihu shi ne mafƙudi, wanda ya ɓata ba a san rai ko mutuwa ba. A Risala, matarsa za ta kai magana gaban alƙali, a bincika, a yanka mata shekara huɗu, sannan ta yi takaba wata huɗu da kwana goma. Dukiyarsa kuma ba a raba ta sai ya kai shekarun da irinsa ba ya wuce su. Ba don hukuncin ya hau kansu na kawo ba, su ba Musulmi ba ne. Don a ga cewa malamai sun san rashin gawa wani ciwo ne daban, har suka ware masa babi.

'Yar Yerwa
Tun ɗazu nake karantawa ban yi magana ba. Malam, mu a Borno ba a littafi muka san babin nan ba. Yayana ya fita a 2014 bai dawo ba. Innarmu har yau ba ta yarda a ba da kayansa ba, duk sallah sai ta fitar da su ta shanya ta mayar. Ban san ɗan fim ɗin nan ba, ban kuma damu da ko gwani ne ba. Masu tantin nan su na sani.

Baba Injiniya
Allah ya bayyana shi, 'yata. Allah ya ba Inna haƙuri.

Mai Zaure
Amin. Allah ya sa a ji alheri.

Abban Khalifa
Amin ya Rabbi. 'Yar Yerwa, ki gaishe mana da Inna.

Dokta, na nemo Fursunan Kaukasus na kalla bayan isha'i. Ba ka gaya mana ƙarshen ba. An kashe ɗan dattijon, ba sauran musaya. Ya tasa yaron a gaba zuwa bayan ƙauye, ya ce ya yi ta tafiya kada ya waiwayo. Ni na riga na runtse ido. Sai ya harba sama ya juya ya tafi abinsa. Yaron na cikin tafiya sai ga jirage masu saukar ungulu na Rasha sun nufi ƙauyen. Ya bi su da gudu yana ɗaga hannu yana ihu su tsaya, wa zai ji shi. Ɗan Lokeshan, a wannan gudun fuskar ba ɗaya ba ce. Je ka duba.

Ɗan Lokeshan
Zan duba. In na ga ta sauya zan dawo in faɗa a nan, ba na jin kunyar wannan.

Likitan Ƙauye
Da gangan na ƙi faɗa. Sau uku na kalle shi, na farko a ɗan kejin tsohuwar nan, a wata ƙaramar talabijin, ta ba ni shayi da sukari a cokali. Da aka zo wurin jiragen sai ta tashi ta ce za ta duba ƙofa, alhali ba wanda ya buga.

Maman Sadiq
Abban Khalifa, turo mini inda ka samo shi. Amma ka bari sai sha biyu ta wuce, datar dare ta fi arha.